Masana'antar Makamai Na Neman Hannu: Ina Gwanayen Suka Tafi?

A watan Yunin 2023 shugaban kamfanin Raytheon na lokacin, Wes Kremer, ya faɗa wa manema labarai wani abin da bai kamata a ji daga bakin mai ƙera wa Amurka makamai ba. Ya ce sun koma suna kiran tsofaffin ma'aikatansu da suka yi ritaya, waɗanda suka ba shekara 70 baya, su dawo su nuna wa sabbin shiga yadda ake haɗa Stinger, wato makami mai linzamin nan da soja ke saɓawa a kafaɗa ya harbo jirgin sama. Na'urorin gwaji kuwa daga sito aka kwaso su, aka kakkaɓe musu ƙura da yana. Dalili shi ne ma'aikatar tsaron ƙasar ta shekara 18 ba ta sayi sabon Stinger ba. Da yaƙin Yukren ya ɓarke a Fabrairun 2022, sai ta kwashi sama da 1,400 daga rumbunta ta tura can, ta juyo ta ba da kwangilar dala miliyan 624 a maye mata gurbinsu. Kuɗi ga su, zane ga shi a takarda, amma masu yin aikin sun watse, wani ɓangare na na'urar da ke jagorantar makamin ma an daina sayar da irinsa a kasuwa.

Tun daga wannan lokaci maganar horas da ma'aikata ta zama ruwan dare a bakin ministocin tsaro da shugabannin kamfanoni, daga Washington zuwa Berlin har Canberra. Kowa na buɗe cibiyar horo, kowa na sanar da adadin mutanen da zai ɗauka. Ni dai a ganina ana fara lissafin daga tsakiya ne. Ƙwarewar wannan masana'anta a cikin aiki take rayuwa, kuma aikin yana hannun mai saye guda ɗaya, wato gwamnati. Ranar da gwamnati ta daina saye, ranar ƙwarewar ke fara mutuwa, ko da akwai makarantu goma a bakin ƙofar ma'aikatar.

Yadda aka kai ga wannan hali ba ɓoyayye ba ne. Bayan rushewar Tarayyar Sobiyet a 1991, ƙasashen Yamma suka zaftare kasafin tsaro. A 1993 mataimakin sakataren tsaron Amurka, William Perry, ya tara shugabannin manyan kamfanonin makamai a wata liyafar dare, ya gaya musu ƙarara cewa gwamnati ba za ta iya ci gaba da ciyar da su duka ba, wanda zai haɗe da wani ya haɗe. Haka kuwa aka yi. Manyan 'yan kwangila 51 suka narke suka koma 5: Lockheed Martin da Boeing da General Dynamics da Northrop Grumman da Raytheon. Aka rufe ma'aikatu, aka sallami dubban ɗaruruwan mutane, aka daina ɗaukar 'yan koyo. Wannan na ƙarshen shi ne ya fi yin ɓarna, domin ba ya nunawa a littafin kuɗi. Idan ma'aikata ta yi shekara 10 ba ta ɗauki yaro ba, bayan shekara 20 za ta wayi gari da tsofaffi masu shirin tafiya da yara masu shigowa, babu kowa a tsakani. Su kuwa na tsakiyar nan, masu shekara 10 zuwa 20 a bakin aiki, su ne ke duba aiki, su ne ke koyarwa.

Birtaniya ta riga kowa ɗanɗana kuɗarta. A garin Barrow-in-Furness ne kaɗai take ƙera jiragenta na ƙarƙashin teku. Da aka kusa kammala jiragen Vanguard a shekarun 1990, ma'aikatan wurin suka ragu daga kimanin 13,000 zuwa kimanin 3,000. Aka ba da kwangilar sabon samfuri mai suna Astute a 1997, sai aka tarar waɗanda suka san yadda ake zana irin wannan jirgi tun daga tushe sun yi ƙaranci, ga shi kuma an ce a koma zane da kwamfuta, abin da ba a saba ba. Aiki ya cije, kuɗi suka yi ta hauhawa, har sai da aka gayyato injiniyoyin kamfanin Electric Boat daga Amurka a 2003 suka kama musu. Jirgin farko bai shiga aiki ba sai 2010, shekaru bayan lokacin da aka ɗiba. Ƙasar da ta yi ƙarni tana taƙama da mulkin teku ta koma ɗaukar darasi a sana'ar gidanta, ba don kowa ya sace mata sirri ba, sai don ta bar tazara tsakanin kwangila da kwangila. Cibiyar horon da kamfanin BAE Systems ya buɗe a Barrow a 2018 daga wannan ƙuna ta samo asali.

Labarin da ya fi ba ni mamaki shi ne na wani sinadari da Amurkawa ke kira Fogbank, wanda ake sawa a cikin kan makamin nukiliya samfurin W76. Har gobe ba a bayyana wa duniya ainihin abin da yake ba. An yi ta sarrafa shi a ma'aikatar Y-12 da ke Oak Ridge a jihar Tennessee har zuwa 1989, sannan aka rufe sashen. Da aka tashi sabunta makaman a farkon shekarun 2000, sai aka nemi yadda ake yin sa aka rasa. Ofishin da ke bin diddigin ayyukan gwamnati, GAO, ya rubuta a rahotonsa na 2009 cewa ba a ajiye cikakken bayanin yadda ake aikin ba, kuma kusan duk waɗanda suka iya sun yi ritaya ko sun bar wurin. Aka kashe ƙarin dala miliyan 69, aka yi jinkirin aƙalla shekara guda. Daga baya aka gano cewa sabbin masana sun tace kayan haɗin fiye da kima: akwai wani ɗan gurɓi a cikin kayan da tsofaffin ke amfani da su, kuma shi ne ke sa sinadarin ya fito daidai. Su kansu tsofaffin ba su san da haka ba, ballantana su rubuta.

Wannan shi ne abin da masu shirya kwasa-kwasai ba sa son ji. Wani ilimin ba ya shiga takarda. Duk wanda ya taɓa kai mota garejin tsohon makanike ya ga yadda yake karkata kunne ya saurari inji na ɗan lokaci, ya ce matsalar a wuri kaza take, alhali yaronsa da ya shekara uku yana riƙe masa sufana bai ji komai ba. In ka ce ya rubuta maka abin da ya ji, ba zai iya ba. Sai dai yaron ya daɗe a gefensa har nasa kunnen ya buɗe. Haka mai waldar jikin jirgin ƙarƙashin teku yake, haka mai narka ƙarfen bakin igwa, haka mai cusa albarushi a harsashi.

Inda wannan matsala ta fi tsanani a yau shi ne ƙera jiragen ƙarƙashin teku na Amurka. Ma'aikatu biyu kacal ke iya aikin: Electric Boat mai hedikwata a Groton ta jihar Connecticut, da Newport News a jihar Virginia. Rundunar sojan ruwa na son a riƙa ba ta jirgi ɗaya samfurin Columbia da biyu samfurin Virginia duk shekara. Ga kuma yarjejeniyar AUKUS ta Satumban 2021, wadda a ƙarƙashinta za a sayar wa Ostareliya jiragen Virginia aƙalla uku daga farkon shekarun 2030. Abin da ake iya fitarwa kuwa bai kai jirgin Virginia ɗaya da rabi a shekara ba. Rundunar ta ƙiyasta cewa ana bukatar sabbin ma'aikata sama da 100,000 cikin shekara 10, in aka haɗa da ƙananan kamfanonin da ke samar da bututu da famfo da wayoyi. Har talla ake yi a wuraren tseren motoci da filayen wasa ana kiran matasa su zo su koyi walda. Ostareliya ma ba ta jira ba, ta fara tura ma'aikatanta Pearl Harbor a 2024 su koyi gyaran irin waɗannan jirage a hannun masu yi.

Hanyoyin horo iri biyu ne ke gogayya a nan. Ta farko tsohuwa ce: makarantar 'yan koyo ta Newport News, wadda aka kafa a 1919. Ɗalibi ma'aikaci ne tun ranar farko, ana biyan sa albashi, yana raba mako tsakanin aji da bakin aiki, ya yi shekara huɗu ko biyar, wasu fannonin har takwas. Da yawa daga cikin masu duba aiki da manajojin ma'aikatar daga nan suka fito. Ta biyu sabuwa ce, ita ce shirin gaggawa na ATDM da aka fara a garin Danville na jihar Virginia a 2021: mako 16, awa 600, a koya wa mutum walda ko sarrafa injin yankan ƙarfe mai aiki da kwamfuta ko awon inganci ko duba lafiyar walda ba tare da an fasa ƙarfe ba, a miƙa shi ga kamfani. Tsofaffin sojoji da masu sauya sana'a na cikin masu amfana.

Ban raina ta biyun ba, don ita ke kawo mutum bakin ƙofa. Amma wata huɗu ɗan koyo yake haifarwa, kuma ɗan koyo nauyi ne a kan gwani kafin ya zama mataimaki. Duk awar da gwani ya ɗauka yana gyara wa yaro hannu, awa ce da aikinsa ya tsaya. Shi ya sa ma'aikatar da ta ɗauki dubban mutane a shekara guda takan ga aikinta ya ƙara jinkiri kafin ya yi sauri. Abin da ya fi wannan muni shi ne ba sa zama. Jami'an rundunar sojan ruwa sun shaida wa majalisar dokoki cewa kusan rabin sabbin ma'aikata, wani lokaci ma fiye, suna ajiye aikin kafin su cika shekara. Ba abin mamaki ba ne. A da, albashin mai walda a ma'aikatar jirage ya ninka na mai sayar da abinci ko mai jera kaya a sito. Yau ratar ta tsuke sosai. Wa zai yarda ya kwanta a cikin matsattsen tanki, cikin zafi da hayaƙi, a kan abin da bai fi na mai aiki a ɗaki mai sanyi da komai ba? Kuɗin da aka kashe wajen horas da wanda ya tafi a wata na takwas asara ce tsagwaronta, kuma maganinta yana wajen mai tsara albashi, ba wajen malamin aji ba.

Akwai kuma batun amana, wanda ba kwas ke sa shi ba. A Satumban 2024 kamfanin da ya mallaki Newport News ya kai kansa ƙara wurin hukuma cewa wasu masu walda sun tsallake ƙa'idojin aiki da saninsu a jikin wasu jirage. Aka shiga bincike, aka ce wuraren da abin ya shafa ba su taɓa lafiyar jiragen ba. Duk da haka hankali ya tashi, domin kowa a wannan sana'a ya san labarin jirgin Thresher da ya nutse a Afrilun 1963 da mutum 129, wanda bayansa ne aka kafa tsauraran ƙa'idojin da ake bi har yau. Abin da ke hana mai walda yanke hanya lokacin da babu mai kallon sa tarbiyya ce da yake sha daga na gaba da shi. In na gaban sun yi kaɗan, matsin lambar a gama aiki kuma ya yi yawa, sai a ga irin wannan.

Mai karatu na iya cewa, to ai a Yaƙin Duniya na Biyu Amurka ta mai da manoma da matan gida maƙeran jirage cikin makonni. Gaskiya ne, kuma hujja ce mai ƙarfi. Tsakanin 1941 da 1945 an ƙera jiragen dakon kaya samfurin Liberty 2,710. A ma'aikatar Ford ta Willow Run an kai ga fitar da jirgin yaƙi samfurin B-24 kusan ɗaya a kowace awa. Cikin abubuwan da suka kawo wannan nasara akwai wani shiri da gwamnati ta kafa a 1940 na horo a cikin ma'aikata, TWI, wanda ya dace a sake waiwayarsa. Masu shirin ba su ɓata lokaci wajen gina ajujuwa ba. Gwanayen suka nufa, suka koya musu yadda ake koyarwa, a zama biyar na awa biyu-biyu: a rarraba aiki daki-daki, a nuna, a sa ɗan koyo ya gwada yana faɗin abin da yake yi, a ci gaba da leƙa shi. In bai iya ba, laifin na malami ne. Da wannan dabara aka rage lokacin koyon gogen gilashin na'urorin hangen nesa daga kusan shekara biyar zuwa 'yan watanni. Bayan yaƙi Amurkawa suka yi watsi da tsarin, Japanawa suka ɗauka, ya zama ɗaya daga cikin ginshiƙan aikin Toyota.

Sai dai a lura da abin da ya sa hakan ta yiwu. An tsara jirgin Liberty ne tun farko don a yi shi da yawa, mai sauƙi, kowa da ɗan yankin da zai maimaita sau dubu. Oda kuma ba ta yankewa. Jirgin ƙarƙashin teku mai tukunyar nukiliya, wanda ake yin ɗaya ko biyu a shekara, ba ya rarrabuwa haka. Amma harsashin igwa na rarrabuwa, ƙananan jirage marasa matuƙa ma haka. Amurka na yin harsasai masu faɗin milimita 155 kimanin 14,000 a wata kafin 2022, ta sa wa kanta burin 100,000, kuma sabuwar ma'aikatar da aka buɗe a Mesquite ta jihar Texas a 2024 da injunan kamfanin Repkon na Turkiyya aka cika ta. A Yukren kuwa, ƙananan shaguna da 'yan sa kai da suka koyi haɗa jirage marasa matuƙa, wasu ta intanet, sun taimaka aka fitar da sama da miliyan ɗaya a 2024. Saboda haka kafin a ce horo na gajere ko na dogon zango, sai a fara tambayar me ake son ƙerawa. Mai lissafa su a kwando ɗaya ko dai bai san aikin ba, ko yana da kwas na sayarwa.

A Jamus maganar ta ɗauki wani salo, na sauya wa ma'aikaci layi. Masana'antar motoci na rage mutane a daidai lokacin da ta makamai ke nema, bayan shugaban gwamnati na lokacin, Olaf Scholz, ya sanar da asusun Yuro biliyan 100 don sojoji a ƙarshen Fabrairun 2022. A 2024 kamfanin Continental ya ƙulla yarjejeniya da Rheinmetall domin wasu ma'aikatan masana'antarsa ta birki a Gifhorn, wadda za a rufe, su koma Unterlüss inda ake yin harsasai. A Fabrairun 2025 kamfanin KNDS ya amince ya karɓi ma'aikatar taragon jirgin ƙasa ta Alstom da ke Görlitz, wadda ta haura shekara 170, tare da kimanin rabin ma'aikatanta 700, a koma yin sassan tankar Leopard 2 da motoci masu sulke. Wannan shi ne sauyin da ya fi arha, don mai waldar tarago ya riga ya san ƙarfe, ya san zane, ya san ladabin ma'aikata. Abin da zai ƙara shi ne halin ƙarfen sulke da tarin takardun shaidar inganci. Amma kada a zuzuta. Masana'antar motocin Jamus na ɗauke da sama da mutum 700,000, Rheinmetall kuwa duk duniya bai kai 50,000 ba. Kuma ba kowane ma'aikaci ne zuciyarsa ke natsuwa da barin birkin mota ya koma harsashi ba. Wannan ƙin haƙƙinsa ne, bai kamata a ɗauke shi taurin kai ba.

Ɓangaren kwamfuta nasa ciwon kan daban ne. Makamin zamani rabinsa manhaja ce, kuma matashin da ya iya rubuta ta yana da zaɓi: kamfanin fasaha zai biya shi fiye, ya bar shi ya yi aiki daga ɗakinsa. Kamfanin makamai kuwa zai ce ya jira watanni a tantance shi, ya zama ɗan ƙasa, ya ajiye wayarsa a bakin ƙofa. Shi ya sa kamfanoni da dama suka gwammace su ɗauki ma'aikacinsu da aka riga aka tantance su koya masa sabuwar fasahar.

Horo kuma ba ya ɗaure mutum. Afirka ta Kudu shaida ce. Kamfanin Denel, wanda aka ɓalle daga hukumar makamai ta Armscor a 1992, ya gaji injiniyoyin da suka yi igwar G5 da G6 da jirgi mai saukar ungulu na Rooivalk. Almundahanar zamanin Jacob Zuma, wadda hukumar bincike ta Zondo ta tona, ta tsotse shi har ya kasa biyan cikakken albashi a wajajen 2020. Injiniyoyin suka kama gabansu, da yawa suka nufi Haɗaɗɗiyar Daular Larabawa da Saudiyya, inda ake gina sabbin kamfanonin makamai. Abin da ƙasar ta shekara 30 tana tarawa, wasu suka kwashe da kuɗin albashi kawai.

Waɗanda suka yi nasara daga baya-baya kusan hanya ɗaya suka bi. Birazil ta kafa cibiyar koyar da injiniyancin jiragen sama ta ITA a 1950, sai bayan shekara 19, a 1969, ta kafa kamfanin Embraer, gwamnati kuma ta zama mai sayen farko. Turkiyya, da Amurka ta ƙaƙaba mata takunkumin makamai daga 1975 zuwa 1978 saboda rikicin Cyprus, ta kafa Aselsan a 1975, ta kuma dage sai an haɗa jiragen F-16 a ƙasarta, abin da aka fara a 1987. Waɗanda suka koyi aiki a waɗannan ma'aikatu su suka raini zuriyar da ke sayar wa Afirka jirage marasa matuƙa a yau, ciki har da Nijeriya da Nijar.

A nan ne maganar ta iso gida. Hukumar ƙera makamai ta Nijeriya, DICON, an kafa ta a 1964 a Kakuri, Kaduna, da taimakon kamfanin Fritz Werner na Jamus ta Yamma. Ta girmi Embraer da shekara biyar. Lokacin yaƙin basasa, 1967 zuwa 1970, ta yi aiki ba dare ba rana. Da yaƙi ya ƙare oda ta ƙafe, har ta kai ma'aikatar na yin kujeru da kayan samar da ruwa don ta rayu. A 2021 kuwa Nijeriya ta karɓi jiragen Super Tucano 12, ƙirar Embraer, a kan kusan dala miliyan 500. Mun kuma san ɗacin dogaro da wani, tunda a 2014, ana tsakiyar yaƙi da Boko Haram, Amurka ta hana a sayar mana da jirage masu saukar ungulu samfurin Cobra.

Ba basira muka rasa ba. An ƙaddamar da jirgi marar matuƙi na Tsaigumi a Kaduna a 2018, da mota mai sulke ta Ezugwu a 2019. Amma ƙera guda ɗaya don biki daban, ƙera na ɗari ya fito daidai da na farko daban, kuma na biyun ne ke horas da ma'aikaci. Misalin da ya fi ƙarfafa mini gwiwa shi ne na ma'aikatar jiragen sojan ruwa da ke Legas: NNS Andoni a 2012, NNS Karaduwa a 2016, NNS Oji a 2021, kowanne ya fi wanda ya gabace shi girma. Ba manyan jirage ba ne, amma an yi su a jere, wanda ya koyi aiki a na farko ya samu inda zai ƙara gogewa a na biyu, ya koyar a na uku. Kishiyarsa ita ce ma'aikatar ƙarfe ta Ajaokuta. An tura 'yan Nijeriya da dama Tarayyar Sobiyet da wasu ƙasashe suka koyo narkar da ƙarfe, suka dawo suka tsufa suna jiran babbar tukunyar da ba a taɓa hura mata wuta ba. Horo ba tare da aiki ba ke nan. A Kakurin kanta, da masaƙu suka durƙushe, KTL a 2002, wasu a bayanta, makanikai da masu aikin lantarki da suka shekara da shekaru suna kula da manyan injuna suka watse cikin gari, ba wanda ya yi tunanin cewa maƙwabciyarsu DICON na iya bukatar irin hannunsu.

Sabuwar dokar DICON da Shugaba Bola Tinubu ya sa wa hannu a Nuwamban 2023 ta buɗe ƙofar haɗin gwiwa da kamfanoni masu zaman kansu, ta kuma tanadi cibiyar bincike da fasaha. Abu ne mai kyau. Kaduna na da kwalejin fasaha ta tarayya, da cibiyar fasaha ta sojan sama, da kasuwar Panteka mai cike da matasan da suka san ƙarfe, waɗanda wata huɗu na horo mai tsari zai iya kai su bakin ƙofar ma'aikata. Abin tsoro shi ne a sake komawa gidan jiya: a sa hannu a yarjejeniya, a shigo da injuna, a tura mutum 20 kwas a waje, galibi waɗanda suka fi kusa da ofis ba waɗanda ke riƙe da inji ba, sannan rundunonin su ci gaba da sayo harsashi daga ƙetare saboda can ne ɗan kwangila ke samun nasa. Ba a fafe gora ranar tafiya, kuma ƙasar da ke yaƙi a arewa maso gabas da arewa maso yamma ta daɗe da kama hanya.

Ga 'yan kwamitocin tsaro na Majalisar Tarayya nake miƙa wannan roƙo. Idan shugabannin DICON da hafsoshin soja suka zo kare kasafi, kada ku tsaya a kan yawan injunan da aka sayo ko mutanen da aka tura kwas. Ku tambayi gwanaye nawa ne za su yi ritaya nan da shekara biyar, da sunan yaron da ke tsaye a gefen kowannensu, da albashin da zai hana yaron tafiya. Sannan ku tilasta wa sojoji da 'yan sanda su rattaba hannu a kan odar harsashin ƙananan bindigogi ta shekaru a jere daga ma'aikatun cikin gida, a kuma riƙa biya a kan kari.